Dakan Turmi Ba Hatsi

Zuwa ga Rabi'atu, sanyin idona, ruwan randata, inuwar gawona da rani. Gaisuwa daga kason Matameye, ta hannun Malam Sallau da ya yarda ya rubuta mini.

Kin tuna ranar da Nasaran nan ya kafa akwatinsa na ɗaukar silima? Wai zai nuna wa mutanen ƙasarsu yadda mahara suka taɓa kewaye garin kakanninmu. Ya sa aka kifar da turame, aka kwantar da mata a ƙasa suna miƙa hannu, ni kuma aka ba ni ƙofar gari: in buɗe, in zube gaban sojansu, wai su ne masu ceto. Ba haka kakarki ta ba mu labari ba. Ta ce da rumbuna suka ƙare, mata suka yi ta dakan turmi ba hatsi, don mahara su ɗauka akwai abinci, har suka gaji suka tafi. Ba baƙon da ya cece su.

Sai ga ki kin miƙe daga cikin masu kwanciya, kin ci ɗamara, kin tada turmi, kin ɗau taɓarya. Wayyo ni, wannan sauti! Mata suka bi ki ɗaya bayan ɗaya. Tafinta na ihu in buɗe, gardi, dogarin Nasara, yana zuba mini bulala, ni ko na jingina bayana da ƙyaure ina kallonki. Ta yaya zan buɗe ƙofar garin da kike daka a cikinsa?

Yanzu na ji kumandan, Nasaran da ke mulkinmu, ya aika wa Kawu Ummaru: in kin zo kin durƙusa gaban akwatin, kin yi kukan da suke so, za a sake ni. In kin ƙi, a tura ni aikin hanyar Damagaram, inda ba kowa ke dawowa ba. Ina jin tsoro, ba zan ɓoye miki ba, ga kuma kewarki. Amma hoton nan zai daɗe bayanmu, har jikoki su gani. Kada ki je, farin watana. Gara in fasa dutse har ƙarfina ya ƙare da gwiwarki ta taɓa ƙasa saboda ni.

In ba ki je ba, jibi za a ɗaure mu, mu 'yan kaso, a wuce da mu ta bakin kasuwa. Kada ki yi kuka inda za su gani. Ki tsaya tsaye kawai, in gan ki.

Naki, ko na dawo ko ban dawo ba,
Ɗan'azumi