Allon Aji na Bakwai

Zuwa ga Baba,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya, kai da Inna da duk mutanen Indabo. Yaya ƙafar taka? Tunda kunnenka ya daina jituwa da waya, ga takarda ta hannun Nu'uman direba.

Aikin shara a jami'a yana tafiya. An ba ni azuzuwa huɗu, in share, in goge allo kafin ƙarfe takwas. To, Baba, allon ne matsalata. Malamar da ke koyar da ilimin ƙasar noma a aji na bakwai tana barin kalmomin Turanci cike da allo, ni kuwa hannuna ba ya iya goge abin da ban san ma'anarsa ba. Sai in tsaya in kwafa tukuna.

Kai da ka shekara talatin kana koyarwa, mece ce drought? Ni durogut nake ce mata, kuma jikina yana ba ni ba haka ba ne. Moisture fa? Ka rubuto min ma'ana da yadda ake faɗa, da haruffan Hausa.

'Yarka,
Saudatu

Baba,

Gaisuwa mai yawa. Allah ya ƙara sauƙin ƙafa. Amsarka ta iso. Ashe drought fari ne, wannan da ya cinye mana gero shekarun baya! Na yi dariya da na ga wai diraut ake cewa, ina sauran haruffan suka tafi? Ka ce kada in dogara da kai, Turancinka ya tsufa. Ni dai da shi nake kwana.

Sai dai akwai damuwa. Sau biyu ɗalibai suna shigowa ina kan kwafa. Hajiya Rabi, shugabarmu, ta ce in aka kuma, a bakin aikina. Tsoro nake ji, wallahi. Amma jiya an rubuta erosion, ga ta nan na turo maka.

Saudatu

Baba,

Ina gaisuwa, a gaida Inna. An kuma kama ni. Hajiya Rabi ba ta kore ni ba, ta dai raba ni da azuzuwa, ta mayar da ni sharar tsakar gida. Ranar ko abinci ban iya ci ba.

Makon jiya ina shara a gindin tagar aji na bakwai, sai na ji muryar malamar tana darasi. Wata biyar ina goge rubutunta, ban taɓa jin bakinta ba! Na rage saurin tsintsiya. Can sai ta ce diraut, sak yadda ka rubuta min, ɗalibai kusan ɗari suka maimaita. Baba, na tsaya riƙe da tsintsiya ina hawaye, ina faɗa tare da su.

Yanzu ƙarfe goma, lokacin darasinta, nake share wajen nan, kullum. Babu inda ya kai shi tsafta a duk jami'ar.

'Yarka mai ƙaunarka,
Saudatu