Kwat Ɗin Aro na Babana

Les Minguettes, Lyon

Zuwa ga Baffana Malam Bukari, a Damagaram.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Baffa, daga nesa nake durƙusawa ina gaishe ka, da fatan takardar nan ta same ka lafiya, kai da iyali baki ɗaya. An ce ciwon gwiwar nan ya sake tasowa, Allah ya sawwaƙe, ya sa kaffara ce. Mu nan sai godiya. Innarmu ta ji sauƙin hawan jini, sai dai har yau ba ta yarda da na'urar hawa bene ba, hawa bakwai take takawa tana yi wa matakala faɗa. Ƙanena Mika'il ya fara tuƙin tram, jirgin ƙasan cikin gari, yanzu ko gaisuwa za a yi sai ya duba agogo.

Saƙonka ya iso ta bakin ɗanka Umar Faruk. Ya ce ka ce in janye littafin da na rubuta a kan marigayi Baba kafin a buga shi, in kuwa na ƙi, kada in sake taka ƙofar gidanka, don na kwance wa zuri'a zane a kasuwa. Kwana uku na yi ina juya maganar, kuma ta yi mini zafi ƙwarai. Ka gafarce ni Baffa, ba zan janye ba. Amma ban isa in ce maka a'a in kama bakina ba, bari in faɗi dalilina.

Na san a gida ana mini dariya, wai yarinya ta rasa abin karantawa a jami'a sai labarin mutanen ƙasar ƙanƙara. To mutanen Norway ɗin nan da nake bincike a kansu talakawa ne, manoma da masunta, suka tsallaka teku zuwa Amurka neman abinci, kamar yadda su Baba suka zo nan Faransa. Su ma sun riƙa aika wasiƙu gida, wasu har da ƙarin gishiri. Daga baya marubuta suka tashi a cikinsu, suka buɗe jaridu, suka rubuta littattafai da harshensu a kan bukkokin laka da suka fara kwana ciki, da matan da kewar gida ta kusa zautarwa. Ba kowa ne cikin nasu ya ji daɗi ba. Amma da wannan rubutu suka samu bakin magana a ƙasar, kuma yau jikokinsu da ba sa jin harshen ta nan suke sanin ko su wane ne. Ina karantawa sai kunya ta kama ni, na ce mu fa, wa ya rubuta namu?

Baffa, hoton nan da ka rataya a zaure, na Baba cikin baƙar kwat ya jingina da mota, wanda saboda shi duk unguwa ke ce masa Direkta, ni na san asalinsa. Kwat ɗin ta Malam Taha ce, abokin kwanansa a gidan ma'aikata, ita kaɗai gare su su shida, kowa ya tashi aika hoto gida sai ya ara. Motar kuwa ko mai ita ba su sani ba, a bakin titi suka same ta. In ka zaga gidajen sauran biyar ɗin za ka ga kwat guda, wani ta matse shi, wani ta haɗiye masa hannu. Shekara ashirin da shida Baba ya yi yana dakon kwalaye a wata magaza, wato rumbun ajiyar kaya, a Vénissieux, har bayansa ya tanƙware. Ni nake shafa masa magani, don haka ba labari aka ba ni ba.

Ban ga laifinsa ba, so yake ku yi farin ciki. Amma ramin ƙarya ƙurarre ne, mu ne kuma muka iske ƙarshensa. Tambayi Umar Faruk da wane buri ya sauka ƙasar nan, da irin kukan da ya yi ranar da ya ga inda Direkta ke aiki. Mika'il kuwa ya girma yana ɓoye sana'ar ubansa a lakkwal, gaban malamai da ƴan ajinsu, don ya ga manya ma ɓoyewa suke yi.

Asabar da ta wuce na je Paris, na karanta babi ɗaya a taron ƴan Nijar na Clichy-sous-Bois. Ina ɗaga kai na hango Malam Taha da sandarsa. Da na gama sai ya miƙe ya ce na yi kuskure guda, na kira shi wani abokin Baba. Ya ce in rubuta sunansa cikakke har da na mahaifinsa, shi ba sata ya zo yi Faransa ba. Na gyara a gabansa.

In Allah ya kai mu hutun bana zan zo da littafin, da Hausa yake, babu mai fassara tsakanina da kai. In ka buɗe mini ƙofa zan zauna a gabanka in karanta maka. In ka rufe, zan tsaya a waje in gaishe ka, gobe in dawo, domin kai ne ubana yanzu. Amma ba zan nemi gafara a kan gumin Baba ba. Direktan da ke bangonka ban san shi ba, wanda ya haife ni ɗan dako ne, shi nake kewa.

Ka gaishe mini da Hajiya Safi, da Gwaggo Fatou, da Hamdiya da jaririnta. Innarmu da Mika'il suna gaisuwa. Allah ya ja da ranka, ya huci zuciyarka, ya jiƙan Baba.

Ɗiyarka,
Mardiya, ɗiyar Alasan ɗan dako