Ni na yanka mushen, Baba ya tafi da sunan

Assalamu alaikum, mai kula da shafi da 'yan uwa masu karatu. A ɓoye sunana don Allah, kuma a karanta har ƙarshe kafin a zage ni. Zagin na riga ku, kullum ina yi wa kaina.

Mahaifina mahauci ne a Ƙofar Guga, shekara arba'in yana fawa ba a taɓa dawo mishi da nama ba. Ni ne babban ɗansa, ina da mata da 'ya'ya uku, ni nake tsare tebur in ba ya nan. Shekara huɗu da suka wuce ya tafi ƙauye ta'aziyya, da safe na tarar da ragon da muka sayo ya shaƙe da igiya, ya riga ya sandare. Na duba hagu na duba dama, na sa mishi wuƙa, na feɗe, na sayar. Asarar rago ɗaya na guje wa, ku ji wauta. Ashe wani abokin sana'armu ya hango ni ta katanga, sai ya tsaya bakin masallaci ya ce teburin Baba mushe ake sayarwa. Baba ya kira ni zaure ya ce, "Kai, hwaɗa mani gaskiya, mi ya hwaru da ragon nan?" Na ce, "Wallahi Baba da ranshi na yanka shi." Bai sake tambayata ba.

A kan rantsuwata ya kai ƙarar ɓata suna. Ya faɗi a shari'ar, ya ɗaukaka ƙara. Masu sayen nama suka watse, tsohon da ake layi a gabansa ya koma korar ƙuda, amma ko yaushe cewa yake, "Ɗana ba ya yi mani ƙarya." Sau nawa na zo bakin ɗakinsa zan faɗa na juya? Na riƙa lallashin kaina cewa in kotun sama ta wanke shi shi ke nan, maganar ta mutu ba sai na buɗe baki ba. Sai Allah ya yi mishi rasuwa ana saura sati biyu zama.

Bayan sadakar bakwai na je wurin lauyansa da takardar shaidar rasuwa, na ce a sa sunana a madadinsa. Ya cire tabarau ya ce, "Malam, da gida ne ko gona, sai mu nemi kotu ta sa magada, a ci gaba. Amma ɓata suna na mai sunan ne shi kaɗai. Ranar da ya rasu ƙarar ta bi shi." Na ce to hukuncin farko fa? Ya ce yana nan yadda yake. Wato a takarda mahaifina ya tabbata mai mushe, ba kuma alƙalin da zai sake buɗe zancen.

Ban faɗa wa Inna ba. Tana takaba, ba ta fita, sai na ce mata an sa sunana, shari'a na tafiya. Duk ranar da na ƙirƙiro a matsayin ranar zama, da kanta take fiddo babbar rigar Baba ta turara ta, ta ce, "Sa ta ka tahi, alƙali shi gan ka kamar shi." In sa in tafi Ƙofar Sauri, in zauna wurin mai shayi har azahar, in dawo in ce an ɗaga. Sau uku ke nan. Wane irin ɗa ne ni?

Saura kwana tara ta fita takaba. Jiya ta ce mini, "Zama na gaba ƙahwata ƙahwarka, sai na ji da kunnena an wanke Malam." Har ta ba da ɗinkin mayafi.

In na tsaya bakin masallacin nan na ce ni ne, mutane za su san Baba bai sani ba, amma Inna za ta san wanda ya sa mijinta ya mutu yana kare ƙarya, kuma ba na jin za ta sake kallon fuskata. In na yi shiru, sunan ya zauna mishi har jikoki. Wanda ya kamata in durƙusa wa yana kabari, ya tafi yana sa mini albarka.

'Yan uwa, saura kwana tara. Me zan yi?