Eriyar Inna da Kamun Baba Ishaya

Funtuwa, daren Talata, Yuli 1988

Kwana uku ina zargin tsarin lissafin da na rubuta a kwamfutar ofis, ashe ba laifinsa ba ne. Ya nuna cewa in na naɗe wayar eriya a katako mai faɗin kamu biyu, kafasitan da nake da shi, wato abin murɗa tasha, zai kamo Kaduna. Na haɗa rediyon na kai wa Inna a Tsiga, muka yi ta murɗawa, ba komai sai shuu. Ita kuwa sanarwar alhazai kawai take jira, don ƙanenta yana Makka.

Yau da na dawo da rediyon gida na sa tef na auna katakon, na tarar ya zarce kamu biyuna. Na koma wurin Baba Ishaya, kafintan da ya yi mini katakon, ya jera hannunsa da nawa yana dariya. "Malam, da kamuna na auna. Ai ba ka bar mini naka ba." Mutumin dogo ne kamar giginya.

Na shigar da awon gaskiya, kwamfuta ta ce in warware zagaye ɗaya na wayar. Ina warwarewa murya ta fito tangaran.

Gobe da sassafe sai Tsiga. Allah ya sa Inna ta ji sunan Kawu da kunnenta.