Ƙarar da Na Shigar Tana Neman Cinye Kujerata

Hajiya Kadidiatou, don Allah ki taimake ni, tone-tonena ya tono mini wuƙa.

Ni ɗan Maraɗi ne, shekarata goma sha ɗaya a birnin Lyon na Faransa, na samu takardar zama ɗan ƙasa. Bara na rubuta konkur, jarrabawar ɗaukar ma'aikata, ta wata ma'aikatar gwamnati. Gurbi goma ne, biyu an ware wa masu naƙasa. Na zo na tara, abokina Moutari na goma. Aka ɗauki takwas da waɗancan biyun, mu aka jefa mu jerin masu jira.

Raina ya ɓaci. Ni na zuga Moutari muka je kotu muna neman a soke jerin baki ɗaya. Ni na nemo lauya, ni na rubuta shafi goma sha huɗu, har na rantse a gaban jama'a a garin Villeurbanne da ke gefen Lyon ko sama da ƙasa za su haɗu ba zan janye ba.

Wata uku da suka wuce mutum ɗaya ya ajiye aikin, aka kira ni. Hajiya, na je. Yanzu lauyan ya bugo mini yana murna, wai hujjojina sun yi ƙarfi, alama za mu ci. In an soke jerin, da ni za a soke. Ga shi kuma ofis ɗaya aka haɗa ni da Madam Alice, mai keken guragu, ɗaya daga cikin biyun da na ƙalubalanta. Ita ke koya mini aikin, har cincin take kawo mini. Moutari kuwa kullum sai ya turo mini saƙon "sai nasara, shugaba".

In janye ko in ci kaina?

Na Tara, Lyon

Ɗana Na Tara,

Na yi dariya, ka yafe mini. Ban taɓa jin mai roƙon Allah ya kayar da shi a shari'arsa ba sai kai.

Da farko ka tambayi zuciyarka: zalunci ka gani, ko zafin faɗuwa ka ji? In har akwai maguɗi, samun kujerarka bai wanke shi ba. Amma ware wa masu naƙasa gurbi ba maguɗi ba ne, kuma wata ukun da ka yi kusa da Madam Alice ya isa ya nuna maka ko ta iya aikinta.

Ka nemi wani lauya daban ya faɗa maka abin da janyewa za ta jawo. Kafin ka sa hannu, ka je wurin Moutari da ƙafarka, ba ta waya ba. Kai ka ja shi, haƙƙinsa ne ya ji daga bakinka. In ya zaɓi ci gaba, kada ka riƙe shi a rai. Ka taya shi shirin konkur mai zuwa. Rantsuwa kuma akwai kaffara, ka tambayi malam.

Ita Madam, ka faɗa mata kafin ta ga sunanka a takardar ƙarar. Har zuwa ranar, ka rage cin cincin ɗin mutane.

Allah ya daidaita tsakaninku, ya buɗa wa Moutari.

Hajiya Kadidiatou, Paris