Wutar da Ke Bayan Katangata

Litinin, 3 ga Afrilu

Yau na ga allon. Wata takwas suna gini a bayan katangata ban damu ba, na ɗauka ƙaramar tashar lantarki ce irin waɗanda na yi shekara talatin da ɗaya ina aiki a cikinsu. Da hantsi na fita sayen sabulu, na bi ta ƙofarsu. Allo ne rawaya, an zana zuciya da 'yar waya a jikinta, an ja jan layi a kai. A ƙasa an rubuta: masu na'ura a ƙirji kada su wuce nan, akwai mayen ƙarfe mai ƙarfi.

Na dafa ƙullutun nan na hagun ƙirjina. Shekara shida ke nan da likita ya dasa mini na'urar da ke daidaita bugun zuciyata, kuma abu ɗaya ya yi ta nanatawa: Baba, ka nisanci mayen ƙarfe.

Na juyo gida. Ban sayi sabulun ba.

Laraba, 5 ga Afrilu

Tela, maƙwabcina na dama, ya karanto mini bayaninsu daga wayarsa, yana karatu yana cizon zare. Abin da na gane shi ne, wani ƙaton naɗin waya ne a cikin tanki, an sanyaya shi sanyin da ƙanƙara kanta zafi ce a kansa. A wannan sanyin wayar ba ta tare wuta ko kaɗan. In aka zuba mata wuta sai ta yi ta zagaye a ciki, ba ta raguwa, ba ta fita. Da zarar ƙarfin layi ya faɗi sai ta mayar kafin ƙiftawar ido. Zagayen nan shi ke haifar da mayen ƙarfen.

Tela ya ce, "Malam, ka ga an yi wa wuta rumbu, mu kuwa ko buhu ba mu da shi." Ya yi ta dariya shi kaɗai.

Ni ban yi ba. Fomanmu na farko, shugaban aiki a tasha, wanda muke kira Kashe-Tukuna, abu huɗu ya dasa mana a kai: ka kashe, ka kulle, ka gwada da hannunka, ka sauke ta ƙasa. Wayar da aka raba da uwarta matacciya ce. Da wannan na rayu, da wannan na yi ritaya da yatsuna goma. Yanzu ga waya an raba ta da kowa, kuma tana raye. Taku nawa ne daga gadona?

Asabar, 8 ga Afrilu

Ka gwada da hannunka. Na tono kamfas ɗina na makarantar koyon sana'a daga ƙasan akwati, murfin tagullar ya yi kore amma allurar lafiya lau.

A ɗakin gaba, arewa sak. A baranda, arewa. Na ɗauki sandata a bakin ƙofar baya, don tsakar gidan duk ramuka ne, na sauka. Hannuna rawa yake yi kwanan nan, sai na ɗora shi a kan sandar don in iya karantawa. Allurar ta juya. Ba ɗan motsi ba, ta bar arewa gaba ɗaya. Na ƙara taku biyar, wajen famfo, haka. Na kai gindin lemun tsamin da marigayiya matata ta shuka jikin katanga, na zauna a benci, na cire tabarau na goge idona, na sake dubawa. Allurar tana nuna inda ta ga dama.

Sai na ji zuciyata kamar ta tsallake bugu ɗaya. Ban san yadda na dawo ciki ba.

Tabarau na can kan benci.

Lahadi, 9 ga Afrilu

Na ja katifa zuwa ɗakin gaba. Sai da na huta sau huɗu.

'Yata Auta ta kira, kamar kowace Lahadi. "Baba, kana cin abinci? Kana shan magani?" Na ce lafiya lau. Ba zan faɗa mata ba. Tun faɗuwar da na yi bara ta yanke hukunci: in aka sake ko da tuntuɓe ne, za ta zo da mota ta kwashe ni zuwa gidanta. Hawa na uku, ɗakin da mijinta ke tara kwalaye, taga ɗaya mai kallon bangon wani. Mutumin kirki ne, amma da ƙarfi yake mini magana kamar kurma. A gidan nan uwarsu ta cika. A nan nake so in cika, amma ba ta hanyar allurar kamfas ba, ba yanzu ba.

Talata, 11 ga Afrilu

Famfo ɗaya ne a gidan, kuma yana gaba da inda allurar ta fara juyawa. Sau ɗaya nake fita da safe, in cika jug, in dawo ina ƙirga taku. Goma sha ɗaya zuwa, goma sha ɗaya dawowa. Bokiti ya fi ƙarfina. Jug ɗin nan shi ne sha, shi ne wanke fuska, shi ne komai. In roƙi Tela? Matarsa da Auta kullum suna waya.

Juma'a, 14 ga Afrilu

Jiri. In na miƙe sai ɗakin ya karkata. Mayen ƙarfen ya fara kaiwa har nan ke nan.

Lahadi, 16 ga Afrilu

Zafi ya tsananta. Akwai wani gurnani da ke fitowa daga wajensu, ƙasa-ƙasa, ba ya tsayawa, injin sanyayawar ne ina jin. Da ban san yana nan ba, yanzu har a haƙorana nake jinsa.

An zura wata takarda ta ƙasan ƙofa, rubutun ƙanana kamar tururuwa. Ba tabarau. Na sa ta ƙarƙashin kofi. Nawa rubutun ma ya koma manya-manya, layi huɗu ya cinye shafi.

Ta taga na hango lemun tsamin, ganyen sun fara nannaɗewa. Marigayiya, ki yafe mini.

Auta ta ce muryata ta canja. Na ce layin ne.

Talata, 18 ga Afrilu

Zan rubuta yadda ya faru, ko da wani ne zai tsinci littafin.

Bayan azahar ina baranda, sai wata irin ƙara, shuuuu, kamar an huda tayar babbar mota, amma ba ta ƙarewa. Na leƙa. Farin hayaƙi yana tashi daga rufinsu, ya kwararo kan katangata kamar madara, ya sauko kan lemun tsamin. Na ce shi ke nan, ta ɓalle. Na juya da sauri, ƙafafuna suka ƙi, na zube jikin bango.

Na daɗe a ƙasa. Simintin da zafi. Na kama wuyan hannuna ina ƙirgawa, sittin, sittin da ɗaya, na ɓace, na sake. Harshena kamar busasshiyar fata. Wayar tana aljihuna. Na fito da ita, na kalli lambar Auta, na mayar. Wannan ne ya fi ba ni tsoro yanzu da nake tunawa: na gwammace a same ni a nan a kwance da in kira 'yata.

Sai la'asar na iya jan jiki. Gwiwata ta kumbura.

Laraba, 19 ga Afrilu

An ƙwanƙwasa. Mace ce, ba ta wuce sa'ar Auta ba, da hular kwano a hannu da takalman aiki. Injiniyar wurin ce, tana bi gida-gida saboda mutane sun tsorata jiya. Ta ce gwaji ne, sun saki iskar sanyin da gangan, hayaƙin tururi ne kawai. "Ai mun raba takarda, Baba." Na nuna mata ita ƙarƙashin kofi. Ta kalli takardar, ta kalli katifar da ke ɗakin gaba, ta kalli leɓuna.

"Baba, ba ka ba baƙo ruwa ne?"

Jug ɗin ba ko ɗigo. Kunya ta kama ni, sai na buɗe baki na faɗa mata komai, allon, ƙirjin, allurar. Na ce mata ni ba jahili ba ne, na riƙe tasha tun ba a haife ta ba, na gwada da hannuna. Ba ta yi dariya ba. Ta ɗauki bokiti ta fita tsakar gida kamar ba komai, ta dawo da shi cike, da tabarauna a ɗaya hannun. Ta tsaya a kaina har na sha kofi uku.

Ta ce naɗin nasu zagayayye ne kamar taya, ƙarfin a cikinsa yake kulle. Allon na ƙofa don masu shiga ne, ainihin iyakar wani layin fenti ne a cikin ginin, kusa da tankin. Na ce baki ne wannan, allura ba ta ƙarya. Ta ce, "Gaskiya ne. Gobe zan zo da tawa na'urar, ka fito da taka, mu ga wadda za ta kunyata."

Alhamis, 20 ga Afrilu

Ta zo. Tela ma ya biyo ta, da tef a wuya, wai ya zo kallon dambe.

Na'urarta ta nuna ba komai, a ƙofa, a famfo, har jikin katanga. Na ce a ba ni wuri. Na ɗauki sanda, na sauka, na ɗora hannu kamar kullum. Allurar ta juya. Na ce, "To, ga shi. Me za ki ce?"

Ta daɗe tana kallon hannuna. Sai ta ce, "Baba, ara mini sandar. Riƙe kafaɗata."

Ta miƙa wa Tela sandar, ya ja baya. Allurar ta yi 'yar rawa, ta koma arewa ta tsaya. Tela ya matso da sandar, ta biyo shi. Ya janye, ta koma. Sandar ƙarfe ce. Auta ce ta saya mini bara.

Darasin farko ke nan. Ranar farko ta kamfas a makaranta, malamin ya sa muka zube makullai da wuƙaƙe a tebur, wanda ya manta da bel mai ƙarfe sai ya sha rula. Ni ne na zo na ɗaya a wannan jarrabawar. Ni.

Tela ya ce, "Malam, ashe kwana goma sha biyu sandarka kake gudu, kuma kana riƙe da ita!" Ya yi dariya har da tari. Injiniyar ta ce masa, "Kai ka taɓa gwada wani abu a rayuwarka ban da ƙugun mutane?" Ya hau naɗe tef ɗinsa. Ni kuwa ban iya ɗaga kai ba.

Kafin ta tafi ta ce sai an duba na'urar a asibiti, ba don katangar ba, don faɗuwar.

Juma'a, 21 ga Afrilu

Likita ya ɗora abin karatunsa a ƙirjina, ya duba kwana talatin baya. Ba abin da ya taɓa ta, ko sau ɗaya. Ya ce, "Zuciyarka na aikinta, Baba. Ƙishirwa ce ta so ta kashe ka, ga famfo a gidanka." An ƙara mini ruwa leda biyu.

Ya kamata in ji daɗi. A mota ina dawowa abin da nake tunani daban ne. In na manta darasin farko, me kuma na manta ban sani ba? Murhu? Ƙofa? Wannan ba shi da allon gargaɗi.

Lahadi, 23 ga Afrilu

Na faɗa wa Auta. Duka, har da kwanciyar baranda. Ban shirya ba, bakina ne ya riga ni.

Sai na ji tana jan hanci. Ta ce, "Da bakinka ka faɗa mini, Baba? Ba wanda ya tilasta ka?" Na ce babu. Ta ce za ta zo Asabar. Na ce da wace mota? Ta ce, "Da mai gyaran famfo zan zo. A jawo maka ruwa cikin ɗaki." Sharaɗi biyu: Tela ya ƙwanƙwasa kowace safiya, kuma duk abin da ya faru ta ji a ranar. In na sake ɓoyewa, hawa na uku.

Na ce zan duba. Na riga na amsa, ta sani.

Alhamis, 27 ga Afrilu

Wani abu da na lura, ban faɗa wa kowa ba. Shekaru ke nan, duk safiya in masana'antar ƙarfe ta gabas ta tada injinanta, ƙwan ɗakina sai ya dushe, firiji ya yi tari. Kwana huɗu ina zaune ina jira, agogo a hannu. Ko ƙyaftawa bai yi ba. To. Ban ce na yarda da wayar da ba ta mutuwa ba. Kashe-Tukuna da zai tashi ya gani, da ya koma.

Tela ya kawo mini sandar itace, wai kyauta, don kada in sake kai ƙarar arewa. Kamfas na aljihuna har yanzu. Na duba sau biyu yau. Sau uku.

Lemun tsamin ya zubar da ganye da yawa, amma akwai sabon toho a reshen ƙasa. Na ba shi ruwa bayan azahar, na zauna a benci in huta gwiwa, don nan ne kaɗai inuwa. Gurnanin yana nan, ta bayana nake jinsa. Minti biyar na ce zan yi.

Sallamar Injiniya ce ta tashe ni, daga can ƙetaren katanga, "Baba, ka sha ruwa?" Rana har ta karkata. Ashe barci ne ya ɗauke ni, bayana jingine da katangar.