Na dawo da mijina, rijiya ta ci na maƙwabciyata

Assalamu alaikum masu bibiyar wannan shafi. Don Allah a sakaya sunana, kuma ku daure ku karanta har ƙarshe kafin ku yanke mini hukunci. Ni kaina na tsani abin da na yi.

Ni matar aure ce a wani ƙauye a ƙasar Minjibir. Kun san injin warwara da aka kawo bayan kasuwa bara. Mutum zai ɗora tafin hannunsa a kai, ya faɗi abu ɗaya da ya same shi, ya fito ya tarar abin bai taɓa faruwa ba. Sau ɗaya ake yi wa mutum a rayuwa, kuma babu mai tuna yadda aka yi a da sai shi kaɗai. Tun zuwansa yarda ta ƙare a garinmu. Geron mutum ya ƙi, sai ya fara hararar maƙwabci, ko shi ya juyo masa. Liman ya yi wa'azi har muryarsa ta dushe. Ni ma ina cikin masu Allah wadai da injin, har ranar da aka zo yasar rijiyar unguwarmu.

Maigidana ne ya shiga, gefen rijiyar ya rufta masa. Na ga gawarsa da idona, ƙasa cike da hancinsa. Maƙwabcinmu, bari in kira shi Malam Idi, shi ya yi ta tono har faratansa suka ciccire. Matarsa Yaya Rabi ita ta riƙe ni da na faɗi, ita ta ci gaba da dafa wa 'ya'yana tuwo. Ina cikin takaba na saci jiki ranar kasuwa, na ce asibiti za ni. Mai injin ya dube ni ya ce, "Baiwar Allah, ki ji da kyau. Injin nan ba ya kashe masifa, kau da ita yake yi. Ruwan da aka tare a nan, wani wurin zai bi." Na ce, "Wa zai bi?" Ya ce, "Wannan kuma ban sani ba." Na ji shi. Wallahi ba zan ce ban ji ba. Na ɗora hannuna.

Da na sauka daga mota, sai ga maigidana zaune a kan tabarmar masu karɓar gaisuwa, amma ba a ƙofar gidanmu ba, a ƙofar gidan Malam Idi. Ya taso ya ce, "Ina kika tsaya haka? Rabi tana ta cigiyarki." Ashe yadda kowa ya san zancen yanzu, zazzaɓi ne ya kwantar da maigidana ranar yasa, Malam Idi ya ce masa, "Kwanta abinka, ni zan shiga."

Tun daga nan ban san daɗin barci ba. Ni ke dafa wa marayun Yaya Rabi tuwo, tana sa mini albarka. Maigidana shi ya yi musu shuka, shi ya yi musu noma, ya dawo ya zauna ya kasa cin abinci, yana cewa, "Ramina ne fa Idi ya shiga." Ta yaya zan ce masa gaskiya ya faɗa? Ga shi kuma yanzu ina ɗauke da ciki, wanda na samu bayan dawowarsa.

Kwanaki Yaya Rabi ta raɗa mini cewa idan ta fita takaba za ta je wurin injin. Kun san abin da bakina ya faɗa? Na ce, "Subhanallahi, Yaya! Jayayya za ki yi da ƙaddara?" Ni fa! Ta fashe da kuka tana istigfari, tana gode mini da na tunasar da ita. Akwai munafuncin da ya wuce wannan? Na koma wurin mai injin na tambaye shi, idan aka warware abin da aka riga aka warware fa? Ya ce, "Komawa yake kan mai shi na farko." Ke nan mijina zai koma kabari, cikin nan ya zama bai taɓa shiga ba.

Jiya ta fita takaba, gidana ta fara shigowa. Ta kama hannuna ta ce, "Ƙanwata, na yi ƙoƙari, na kasa. Injin ba ya karɓar abin da ya daɗe, kasuwa mai zuwa ce damata ta ƙarshe. Ke kaɗai na yarda da ke, ki raka ni." Ta ce, "An ce kan wani zai faɗa, shi ne abin da ke tsayar da ni. Don Allah gaya mini, da ke ce, za ki iya?" Na ce tukunyata tana ƙonewa, na shige madafa.

Zuciyata tana ce mini in tsegunta wa dangin mijinta, su tsare ta a gida har lokacin ya wuce, shi ke nan asirina ya rufu. To na ɗauke mata miji, in kuma rufe mata ƙofar da ni na bi? In na gaya wa maigidana, na san halinsa, da kansa zai goya ta a babur ya kai ta. In na raka ta, da ƙafata zan kai mijina da abin da ke cikina. In na gaya mata gaskiya, da wane ido zan dube ta?

Kasuwa jibi ce, kuma ta ce da safe za ta biyo mini. Don girman Allah, me zan yi?